Duwatsun da Ba a Ɗauke Ba

Shekara talatin da biyar Malam Ashafa ya yi yana koyar da labarin ƙasa a sakandare, kuma a duk shekarun nan babu ajin da ya tsira daga darasin Dutsen Tulu. Yakan tsaya gaban allo, ya zana abu kamar tulu a kife, sannan ya juyo ya shaida wa yara cewa dutsen nan da ake hangowa can bayan garin Fakuwa ba kamar sauran duwatsun ƙasar nan yake ba. Sauran ja-ja ne ko ruwan toka, shi kuwa baƙi ne ƙirin. A fahimtar Malam, maƙogwaron wani dutse ne mai aman wuta da ya mutu tun kafin a san akwai Katsina. Ruwa da iska suka cinye jikin, suka bar maƙogwaron a tsaye. Ya ga hoton irinsa a wani littafi lokacin yana kwaleji, ya ga sun yi kama da dutsen garinsu, shi ke nan ya riƙe. Ba wanda ya taɓa zuwa ya auna ya tabbatar masa, ba kuma wanda ya ƙaryata shi, don haka har ya yi ritaya bara yana da gaskiya.

Mutanen Zangon Tulu, ƙauyen da aka haife shi, ba ruwansu da maƙogwaro. Abin da suka sani, a zamanin fatake, ayarin da ya taso daga Kano za shi Katsina in ya hango Tulu ya san bai ɓata ba, kuma yau akwai ruwa da fura. Tun da hantsi ake ganinsa, ba a isa gindinsa sai la'asar. Da aka zo shimfiɗa kwalta sai hanya ta bi ta Kankia, ta bar dutsen can gefe kamar tsohon da aka manta da shi a gidan biki.

A gindin dutsen, ta gabas, akwai wani tarin ƙananan duwatsu da ya kai ƙirjin mutum. Al'adar garin ce, duk wanda zai yi tafiya mai nisa, fatauci ko cin rani ko aikin hajji a ƙasa, sai ya ajiye dutse ɗaya a nan. Ran da ya dawo, kafin ya shiga gida, ya je ya ɗauke abinsa. Ba roƙon kowa ake yi ba, ba a yanka komai. Shaida ce kawai. In ayari ya sauka, matan da ke sayar da fura sukan nuna wa madugu duwatsun, su ce wannan na wane ne, shekara uku ke nan, in kun gan shi a hanya ku ce ana cigiyarsa. Abin da ya taru har ya kai ƙirji kuwa, na waɗanda ba su dawo ba ne. Matan gidan su Ashafa su ne masu fura tun kaka da kakanni, su ne kuma suka san duwatsun. Ta ƙarshensu ita ce Gwaggo Zinariya, ƙanwar mahaifinsa, wadda ta goya shi bayan uwarsa ta rasu. Yanzu ta haura tamanin, yanar ido ta rufe mata gani, gwiwa ta hana ta wuce zaure fiye da shekara goma.

Shekara takwas da suka wuce Malam Ashafa ya fara tunanin abin da zai yi in ya bar aiki, tunanin ya kai shi ga kaji. Ya sami fili a bayan gari, magini ya ce ƙasar wurin yashi ce, sai an yi harsashi da dutse. Ashafa ya dubi nisan inda ake sayo dutse, ya dubi gindin Tulu. Ya je wurin mai unguwa ya yi jawabi mai kyau, irin wanda ya saba yi a aji: cewa tarin nan matattarar macizai ce, cewa zamani ya wuce camfi, cewa yanzu wanda ya yi tafiya waya yake bugowa. Mai unguwa bai ce i ba, bai ce a'a ba, ya ce dai Malam shi ya yi karatu. Amalanke shida aka kwasa. Manyan suka shiga harsashi, ƙananan aka ba mata masu fasa dutse suka mai da su tsakuwa aka yi daɓe. Ya zuba kaji ɗari uku. A wata na huɗu cuta ta shiga, cikin kwana tara ta bar masa zakara ɗaya, shi ma gurgu. Tun daga nan ginin ya zama wurin da awakin unguwa ke fakewa in ana ruwa.

Gari duka ya san abin da aka yi, gari duka kuma ya yarda, ba tare da an yi taro ba, cewa Gwaggo ba za ta ji ba.

Wata Talata cikin bazara, Ashafa yana zaune a ƙofar gidansa na Kankia yana fifita da tsohuwar jarida, sai ga Ɗalha a kan babur. Ɗalha ɗan Gwaggo ne, taubashin Ashafa ke nan, kuma tun suna yara bai taɓa barin wata dama ta tsokana ta wuce shi ba.

"Ranka ya daɗe, sarkin kaji," in ji Ɗalha, bai ko kashe babur ba. "Tashi, an yi mana baƙo."

"Baƙo sai ka zo ka ɗauke ni? Ba ku da tabarma ne?"

"Wanga baƙo naka ne. Daga Sudan ya fito. Ya ce shi jikan Labaran ne."

Ashafa ya daina fifita. Labaran yayan mahaifinsa ne da Gwaggo. Ya bar gari yana saurayi, kusan shekara saba'in ke nan, ya bi masu tafiya Makka a ƙasa, ba a sake jin ɗuriyarsa ba. Ashafa bai san shi ba sai a bakin Gwaggo.

"To, alhamdu lillahi," ya ce. "Ai abin murna ne."

"Murna ƙwarai. Ya ce kakanshi ya aiko shi ya ɗauke mashi dutse." Ɗalha ya gyara madubin babur, ya dubi Ashafa ta ciki. "Hau mu tafi. Ka riƙe ni da kyau, na ga kamar jiri zai ɗebe ka."

Sun tarar da baƙon a ɗakin Gwaggo, zaune a bakin tabarma ya naɗe ƙafa. Dogo ne, siriri, zai yi shekara arba'in, sunansa Abdulmannan. Hausarsa irin ta tsofaffi ce, wadda aka ajiye a wata ƙasa ta daɗe ba a taɓa ta ba, da Larabci yana leƙowa nan da can. Ya ce yaƙi ne ya taso su. Ya bar matarsa da 'ya'ya uku a Kano, a ɗakin wani mai tausayi, shi ya zo neman tushe. Kakansa Labaran bai wuce gonakin audugar Sudan ba har ya manyanta. Can ya yi aure, can ya haifi ubansa, can aka binne shi. Kafin ya rasu ya sha gaya masa: akwai wani baƙin dutse kamar tulu a kife tsakanin Kano da Katsina, duk wanda Allah ya kai cikinku ya je ya ɗauke mini nawa.

Gwaggo tana zaune a kan gado, fuskarta ta nufi inda murya ke fitowa.

"Labaran suna da yawa a duniya," ta ce. "Wane irin dutse ya ce maka ya aje?"

"Ya ce ɗan dutsen niƙa ne, Hajiya. Na uwarsa. Ya ce ba da saninta ya tafi ba, sauri yake, shi ya tarar a tsakar gida ya ɗauka."

Gwaggo ta gyara zama. Sannan ta ce wa Ɗalha ya jawo abin da ke ƙarƙashin gado. Ɗalha ya durƙusa, ya jawo yana nishi. Uwar dutsen niƙa ce, tsakiyarta ta lotsa don daɗewa ana aiki, an lulluɓe ta da tsumma.

"Tun ran da ya tafi Inna ba ta sake niƙa a kanta ba," in ji Gwaggo. "An kawo mata 'ya'yan dutse sun fi biyar, ta ce ba su zauna ba. Ashafa."

"Na'am, Gwaggo."

"Jibi ka kai shi. Kai ne babba a gidan yanzu. Shi ɗauko da hannunshi, shi kawo mani in ɗora shi bisa uwarshi. In ya zauna, gonar Labaran tana nan, ɗakin ƙofa yana nan, shi je shi kwaso iyalinshi."

Ashafa ya ce to. Ya faɗe ta da irin muryar da yake amsa wa mai duba makarantu.

A zaure Ɗalha ya tare shi. "Sai ka gaya mata."

"Tsohuwa ce. Hawan jini gare ta."

"Hawan jinin nata ka ji ma tsoro, ko sandar?"

A lokacin wata dabara ta riga ta fara tsiro wa Ashafa, kuma shi mutum ne da bai taɓa iya bambanta dabara da hikima ba sai bayan an gama. Washegari ya shiga kasuwa, ya bi rumfunan masu tsofaffin kaya har ya sami wata tsohuwa da ke da ɗan dutsen niƙa, ya sha hannu ya yi sumul. Ya saya bai ko taya ba, abin da ya sa matar ta bi shi da kallo. Da hantsi ya sa aka kai masa baro huɗu na duwatsu daga bakin wani kwalbati da ya rushe, ya jera su da kansa a gindin Tulu ta gabas, ya cusa na kasuwar a tsakiya, ya watsa ƙasa da busasshen ganye. Ya ja baya ya duba. Tarin bai wuce gwiwa ba. Ɗalha, da ya zo kallo kawai ya ƙi sa hannu, yana zaune a kan babur yana cin gyaɗa.

"Shekara ɗari uku ka gina kafin azahar," ya ce. "Gaskiya boko ta yi rana."

Ranar Alhamis suka zo su uku. Tun daga nesa da Abdulmannan ya hango dutsen ya ce a tsaya. Ya sauka daga babur ya ƙarasa da ƙafa, yana tafe yana kallon sama, bakinsa yana motsi. Tulu yana nan yadda yake, baƙi, shiru, shaho biyu suna kewaya kansa. Ashafa ya ji darasin maƙogwaro ya taso masa har wuya don sabo, ya haɗiye.

"Kaka ya ce tarin ya kai ƙirji," in ji Abdulmannan.

"Zaizayar ƙasa," in ji Ashafa. Ɗalha ya yi tari.

Baƙon ya durƙusa yana ɗaga duwatsun ɗaya-ɗaya, yana ajiye kowanne a hankali kamar ƙwai, don a saninsa kowane ɗaya mutum ne. Da hannunsa ya kai kan mai sumul ɗin sai ya tsaya. Ya ɗauko shi, ya share ƙasar da gefen rigarsa, ya rungume shi a ƙirji. Bai yi kuka da sauti ba, kafaɗunsa ne kawai suke rawa. Ya ce da Larabci, "Ya jaddi," wato kakana, "ka dawo." Ashafa ya juya yana duban wata gonar gero da ba a ko share ba, kamar an aiko shi ya auna ta.

Gwaggo ta sa an share ɗaki, an kunna turare. Ta karɓi dutsen da hannu biyu, ta shafa shi sama da ƙasa. Ta sauko daga gado da taimakon Ɗalha, ta durƙusa gaban uwar dutsen, ta ɗora. Ta tura gaba, ta jawo baya. Dutsen ya yi ƙwas, ya karkace. Ta juya shi ta sake turawa. Ya sake yin ƙwas.

"Wanga na mai dama ne," ta ce. "Inna bahaguwa ce. Nata ya ci ta gefen nan, kowa ya taɓa shi ya sani." Ta ɗaga fuska. "Akwai wani ɗan dutsen niƙa a tarin?"

"Babu, Hajiya. Duk na ɗaga. Shi kaɗai ne."

"Kuma ka tabbata nan kakanka ya ce?"

"Haka ya ce."

Gwaggo ta ture dutsen gefe. Muryarta ba ta yi zafi ba, gajiya ce a ciki. "Yaro, ban ce ka yi ƙarya ba. Duwatsu masu kama da tulu ba ɗaya ba ne, Labaran ma ba ɗaya ba ne. Wataƙila naka Labaran ɗin na wani gari ne. Ka ci abinci, ka kwana, Allah shi haɗa ka da naka."

Ɗalha ya dubi Ashafa. Ashafa ya dubi rufin ɗaki, inda ya gano wata azara da gara ta fara ci, ya ba ta dukkan hankalinsa. Abdulmannan ya yi godiya, ya ce ba sai ya kwana ba, in ya sami mota a Kankia zai isa Kano kafin magariba, yara suna jira su ji. Ya miƙe. Ya ɗauki 'yar jakarsa ta leda. Ya sa takalmi ɗaya.

Ashafa ya sha ba da labarin nan daga baya, kuma yakan so ya ce tausayi ne ya buɗe masa baki. Gaskiyar ita ce takalmin ne. Silifa ne da aka ɗinke da zaren buhu a wuri biyu, kuma mutumin da shi ya taka tun daga inda ya fito.

"Gwaggo," ya ce, "dutsen nan jiya na saye shi a kasuwa."

Sai ya ci gaba, tunda an riga an fasa tulun. Ya faɗi amalanke shida, ya faɗi harsashi da daɓe, ya faɗi kaji. Har zakaran gurgu ya faɗa, ko da yake ba a tambaye shi ba. Ya jira sanda. Da sandar ta zo da ya fi jin daɗi.

Gwaggo ba ta ko bi ta kansa ba. Ta juya wajen ƙofa. "Kai mai takalmi, dawo ka zamna. Da kakanka ya ɗauki dutsen, ya ce wani ya gan shi?"

Abdulmannan ya yi jinkiri. "Ya ce ƙanwarsa ta gan shi. Tana tankaɗe a bakin ɗaki. Ya ba ta goriba biyu, ya ce kada ta faɗa sai rana ta faɗi."

"Uku ne," in ji Gwaggo. "Ɗaya tana da tsutsa, shi ya sa bai ƙirga ta ba." Ta miƙa hannu, Abdulmannan ya matso, ta shafa fuskarsa, goshi da kunnuwa. "Ban taɓa gaya ma kowa ba, har Inna ta mutu. Da na yi kururuwa ran nan da an kamo shi kafin shi kai ƙauyen Boko. Na zamna ina gwaguyar goriba." Ta sauke hannun. "Ɗalha, gobe ka bi shi Kano ku kwaso su. A share ɗakin ƙofa."

Sai da suka fita, ɗakin ya rage su biyu, sannan ta koma kan gado da rarrafe. Ashafa ya miƙa hannu zai taimaka, ta ƙi kamawa.

"Gwaggo, ki yafe mini. Ban ɗauka abin yana da..."

"Har naka ka kwashe?"

"Nawa?"

"Ran da ka tafi Zariya karatu. Kai kana murnar akwati, ni na je na aje maka. Fari ne, daga rafi na ɗauko shi, yana da tsagi kamar bakin wake. Da ka dawo da takardarka na ce ka je ka ɗauke kafin ka shigo. Ka tuna abin da ka ce mani?"

Ya tuna. Yana sanye da wando mai faɗin ƙafa a lokacin, da biro biyu a aljihu. Ya ce mata, Gwaggo ai wannan camfi ne, ga ni kina ganina. Ya tuna har dariyar da ya yi.

"Duk Juma'a in na je ina ganin shi," ta ce. "In ce, to, yaron nan dai bai iso ba tukuna. Ina ta jira ka gaji da wayo ka je da kanka." Ta jawo mayafi ta rufe ƙafafunta. "Tafi, zan yi salla."

Ranar Asabar aka ga Malam Ashafa a bayan gari da diga da guduma, yana korar awaki daga gidan kaji. Hannun da bai san komai ba sai alli ya yi kanta kafin azahar. Matarsa Hafsatu ta ce ya ɗauki lebura, ya ce a'a. Abdulmannan, da ya dawo da iyalinsa, ya zo ya karɓi digar, suka riƙa karɓa-karɓa. Ɗalha yakan zo da la'asar ya zauna a inuwa ya ba da shawara.

"A hankali, ranka ya daɗe. Wannan da ka buga yanzu wataƙila kakan mai unguwa ne."

Siminti ya kama duwatsun, sai an bi kowanne da ƙaramar guduma an ɓamɓare. Abin da suka fitar a yini Ashafa yakan wanke, ya zuba a daro, ya kai ɗakin Gwaggo. Ran farko ta bar shi tsaye da daron a ƙofa har hannunsa ya yi sanyi, sannan ta ce ya ajiye. Ta riƙa ɗauka ɗaya-ɗaya tana juyawa a tafin hannu.

"Wanga na Jaji ne, mai kiɗan kalangu. Kurmi ya tafi sayen goro, ya bar mata da ciki." Ta ajiye dama. "Wanga ban san shi ba, ya girme ni." Ta ajiye hagu. "Wanga na Babba ɗan gidan liman. Soja suka ɗauke shi, uwar ce ta aje mashi." Wani kuma takan daɗe tana shafawa, ta ce da ta san shi, amma siminti ya cinye masa fuska.

Ashafa ya sayi littafin rubutu irin na 'yan makaranta, yana zaune a ƙasa yana rubuta abin da ta faɗa, yana ɗiga wa kowane dutse lamba da fenti. Shekara talatin da biyar yana tsaye yara suna rubutu. Yanzu ya gane zaman ƙasa yana sa ƙafa ta yi tsami. Wani lokaci labarin dutse ɗaya yakan ci yini guda, don Gwaggo ba ta san gajeren labari ba, kuma in ya ce ta maimaita sai ta ce, "Da can ina kake?"

Ba ta sake ambatar farin dutsen ba. Shi ma bai tambaya ba. Amma duk daron da ya kawo, in akwai mai haske a ciki shi yake sa wa a sama, ita kuma shi take fara ɗauka. Ta shafa, ta nemi tsagin da babban yatsa, ta ajiye hagu.

Ruwa ya sauka, aiki ya ragu, don Abdulmannan ya koma gonar kakansa, ga shi bai san noman gero ba sai da Ɗalha ya koya masa da zagi da dariya. Ashafa ya ci gaba shi kaɗai. Ya gama harsashin gabas da na kudu. Daɓen kuwa bai taɓa shi ba. Yakan tsaya a kansa wani lokaci ya dubi tsakuwar da ke leƙowa ta cikin siminti, farare da baƙaƙe, kowace ba ta fi ƙwayar gurjiya ba. Ɗan dutsen niƙa mai sauƙin fashewa ne, kuma farin dutsen rafi bai kai girman da magini zai sa a harsashi ba. Ya san wannan tun ran farko. Ilminsa na duwatsu, wanda bai taɓa yi masa wani amfani ba, a nan ya yi.

Gwaggo ta rasu ana gab da yankan gero, da rana tsaka, bayan ta sha kunu. Akwai daro biyu a ƙofar ɗakinta da ba ta kai ga taɓawa ba. A littafin Ashafa akwai sunaye talatin da ɗaya. Na Labaran ba ya ciki. Uwar dutsen niƙan ta bar wa matar Abdulmannan, wadda ta jingine ta a bango, don ita a inji take kai niƙa kamar kowa.

Bayan sadakar bakwai Ashafa ya ɗauki amalanke ya mai da duwatsun gindin Tulu. Ya fara kwashe na kwalbatin da ya jera, ya zubar a rami. Masu lamba ya sa su gaba, marasa suna a baya. Amalanke biyu da rabi suka zama, tarin ya tsaya a cinya. Abdulmannan ya tsaya a gefe har aka gama, ya yi addu'a, ya tafi hannu wofi. Bai taɓa yi wa Ashafa maganar ba, ko sau ɗaya, kuma kullum in sun haɗu shi yake fara gaisuwa, yana ce masa Baffa. Ashafa ya fi son ranar da ba su haɗu ba.

Yanzu yakan je duk Juma'a bayan an sauko daga masallaci, da littafin a aljihu. Ba ayarin da ke zuwa, sai masu kiwo, sai wani lokaci ɗalibansa na da in sun biyo a babur, su tsaya su gaishe shi, su ce Malam har yanzu ana nazarin maƙogwaron? Ya ce ana nan ana yi.

Ran nan Ɗalha ya same shi a can, ya kashe babur, ya zauna kusa da shi a kan wani falalen dutse. Ɗalha ya ɓare gyaɗa ya miƙa masa rabi.

"Akwai farare da yawa a rafi," ya ce. "In kana so in ɗauko maka ɗaya, in yi mashi tsagi, in ɓoye a ciki. Kai kuma ka zo ka tsinta. Ai ka san yadda ake yi."

Ashafa ya tauna gyaɗar. Ya dubi tarin, ya dubi baƙin dutsen da ya tsaya a kansu.

"Bar shi," ya ce. "Wa zan kai wa ta duba?"